Fatalwar Agrifina da dattijon da ya fice daga majalisa

Marubuta wasan kwaikwayon tarihi suna son sarkin da barci ya ƙaurace wa. Tun a tsohuwar Rum ana yi: a wasan Oktabiya, fatalwar Agrifina ce ke fitowa daga lahira tana tsine wa ɗanta, Sarki Niro. Shakespeare ma ya sa fatalwar Yuliyus Kaisar ta tsaya wa Burutus, ɗaya daga cikin waɗanda suka kashe shi, a tantinsa kafin yaƙin Filibi.

Abin yana da tushe. A shekara ta 59 miladiyya Niro ya sa aka ɗora mahaifiyarsa a jirgin ruwan da aka shirya ya wargaje. Ta yi iyo ta tsira, sai ya tura Anisetus, kwamandan jiragen ruwansa, da mutanensa suka kashe ta a gidanta. Marubucin tarihi Tasitus ya ce Niro ya kwana a firgice yana jiran wayewar gari. Wani marubucin tarihin, Suwetoniyus, kuma ya ce Niro da bakinsa ya sha faɗin cewa fatalwarta na bin sa.

Damuwata ita ce wannan firgici yana sanyaya mana zuciya fiye da kima. Mai kallo ya tashi yana cewa alhaki kwikwiyo ne, ga shi ya bi mai shi, shi ke nan. Alhali da gari ya waye hafsoshin soja ne suka zo suna taya Niro murnar wai ya tsallake makirci. Malaminsa Seneka ya tsara masa wasiƙar da ta ɗora wa mamaciyar laifi. Majalisar dattawa ta yanke a yi bukukuwan godiya ga alloli. A 62 ya saki matarsa Oktabiya ya sa aka kashe ta, ya kuma ci gaba da mulki har 68. Wace irin nadama ce wannan da ba ta hana jini na biyu ba?

In lamiri ake nema a wannan labari, ni ba a ɗakin barcin sarki nake ganinsa ba. Ranar da majalisa ke rige-rigen wanke Niro, wani dattijo, Tirasiya Petus, ya miƙe ya fice bai ce uffan ba. Na san fita shiru ba ta cika dandali kamar fatalwa, amma ita nake so marubuta su ba lokaci, don ita ce aka biya da rai. Niro bai manta ba. A 66 aka yanke wa Tirasiya hukuncin kisa, ya tsaga jijiyoyin hannunsa a gidansa.