Balan-balan 300 da bango ɗaya

Bakina ne ya ja mini. Muna zaune ana lissafin bikin ƙanwata, aka karanto kuɗin da masu ƙawata wuri suka nema, ɗaki ya yi tsit kamar ruwa ya cinye mu. Ni kuwa da na kwashe sati biyu ina kallon bidiyo a YouTube, sai na gyara zama na ce, "Wai don a rataya yadi a hura balan-balan? Ku ba ni kashi ɗaya cikin biyar na kuɗin nan ku sha kallo." Gwaggo ta leƙo ni ta saman tabarau ta ce, "Ke ɗin?" Na ce ni ɗin fa. Ƙanwata ta rungume ni tana cewa, "Yaya, kin fitar da ni kunya." Da ta sani, da ta adana godiyar tukuna.

Zauren da aka kama, in ka cire allon sunansa, sito ne kawai. Bango huɗu ruwan toka, fankoki shida, da dogayen fitilu farare irin na asibiti, masu mai da fuskar lafiyayye kamar jiya aka sallamo shi daga jinya. Mai gadin wurin, wani dattijo marar yawan magana, ya kafa mini sharaɗi ɗaya: ba a buga ƙusa a bango. Na yi dariya na ce, "Baba, wa yake ta ƙusa a zamanin nan? Salatif zan sa." Ya ce, "To, Allah ya ba da sa'a," ya koma kan bencinsa.

Da yadi na fara. Na auna bangon gaba, mita 12, na je na yanko mita 12 cif, ina yaba wa kaina iya tattali. Ashe wannan lanƙwasa mai kyau da labule ke yi a bidiyo tattara ce, kuma tattara tana cin yadi ninki biyu zuwa uku na faɗin wurin. Da muka miƙe nawa a bango sai ya fito sak zanin gado a kan igiyar shanya. Kuɗin ƙari babu. Dole na tattare shi duka a mita 4, daidai bayan kujerar ango da amarya, sauran bangon na bar shi da halinsa.

Balan-balan kuwa 300 na saya, na kuma ƙi sayen famfo, wai ai Allah ya hore mana huhu kyauta. Daren jajibiri na tara ƙanena da yaran gida muka hau hurawa. Kafin mu cika 50 kumatuna sun yi tsami, ɗakin yana juya mini, ɗaya daga cikin yaran ya kwanta a ƙasa ya ce shi a kai ƙararsa duk inda za a kai. Muka lallaɓa muka gama wajen ƙarfe biyu na dare. Na ɗauki ɗaya na sake shi, ina jiran ya tashi ya manne a silin yadda na gani. Ya sauko a hankali ya kwanta a ƙafata.

Ƙanena ya gyara murya. Wai numfashin mutum bai fi iskar ɗaki sauƙi ba, masu tashi sama iskar hiliyam ake ɗura musu, kuma ko su ɗin, in na roba ne, ba sa kwana su wuni a sama, don iskar tana tsiyayewa ta jikin robar. Na ce, "Kai da ka san haka, me ya hana ka faɗa tun ƙarfe takwas?" Ya ce, "Yaya, ai ba ki tambaya ba." Ban mare shi ba don ba ni da sauran numfashi.

Da safe muka jera su a zaren fatsa, muka lanƙwasa suka zama baka a bakin ƙofa. Gaskiya ya yi kyau, har na ɗauki hoto. Abin da ban lura ba, mun hura su sun yi tam, ƙofar kuma tana kallon rana, rabinsu kuma shuɗi ne mai duhu, mai kwasar zafi sosai. Iska in ta ji zafi buɗewa take yi, robar da ta riga ta kai maƙura kuwa ba ta da inda za ta. Motar amarya na tsayawa, na farko ya ce fau! Na biyu ya amsa. Kafin ta taka ƙofa sun zama kamar an buɗe wuta. Gwaggo ta saki jaka tana salati, wani yaro ya shige ƙarƙashin tebur, amarya ta juyo tana nemana da ido. Ni ina bayan ginshiƙi ina duba wayar da ba a kira ba.

Ana zama jama'a suka fara fifita, aka kunna fankoki. Dogayen takardun ado da na saƙala a silin suka fara rawa, fanka ta uku ta cafki ɗaya ta naɗe, ta shiga yayyafa wa baƙi guntaye. Wata baƙuwa ta ce kai, wannan dabara ta burge ta. Na ce ai da gangan ne. Can kuma salatif ɗin da na manna a kan ƙura ya gaji, gefen labule ya sulmiyo ya lulluɓe kan ango yana tsakiyar murmushi. Na aika a guje aka sayo mai manne fuska biyu, mafi ƙarfin da ke akwai, muka danna shi da dukan zuciya.

Abu ɗaya ne ya yi mini rana: 'yan ƙananan fitilu masu batir, masu haske ruwan zuma, da na zuba a bayan yadin. Mai hoto ya sa aka kashe fitilun asibitin da ke wannan gefen, ya tsayar da kowa a gaban mita huɗun nan. A hoto, wallahi, sai ka rantse fada ce. Bangon toka bai fito ba, gawarwakin balan-balan ma ba su fito ba.

Da dare muka zo kwashe kaya. Na ja salatif mai ƙarfin nan, ya taho da fenti faɗin tafin hannu. Na ja na biyu, ya taho har da filasta. Baba mai gadi ya taso da tocila yana ƙirgawa a nutse, ya kai 23, ya ce, "'Yata, da ƙusar kika buga." Kuɗin ajiyar da muka bayar na zaure bai dawo ba. Na ƙi yin lissafin abin da ya rage na ribar tattalina, ƙanena ne ya yi, na hana shi faɗa.

Shekaranjiya Gwaggo ta kira ni. Ta ga hotuna, bikin 'yarta saura wata biyu, zaurensu kuma ya ninka wancan girma. "Ke za ki yi mana, tunda hannunki ya faɗa." Na ce, "Gwaggo? Gwaggo, ba na jin ki, sabis ya ɗauke." Ta ce ba komai, tana ƙofar gida.