Mutumin da ya bari duniya ta harbe shi ta intanet

Da zarar an ambaci masu fasahar da ke mai da jikinsu kayan aiki, sai ka ji mutanenmu suna cewa hauka ce, ko kuma ƙoshi ne ya yi wa Turawa yawa. Ni ban yarda a yi musu kuɗin goro ba, kuma hujjata ita ce Wafaa Bilal.

Ɗan Iraƙi ne haifaffen Najaf, ya gudu daga mulkin Saddam a 1991, ya ƙare a Amurka. A 2004 harin sama na sojojin Amurka ya kashe ƙaninsa Haji a Kufa, bayan wata biyu baƙin ciki ya tafi da mahaifinsu. Daga baya ya ga wata sojar Amurka a talabijin tana bayanin yadda take jagorantar hare-hare kan Iraƙi daga gaban kwamfuta a Colorado, ba ta taɓa shaƙar ƙurar garin da take jefa wa wuta ba.

A 2007 sai ya tare a wani ɗaki na gidan baje kolin zane-zane a Shikago, wata guda cur, da gado da fitila da kyamara, da bindigar harba ƙwallayen fenti da aka haɗa da intanet. Duk wanda ya shiga shafin, daga ko'ina yake, zai iya juya bindigar ya harbe shi, dare ko rana. An harba sama da sau dubu 60, daga ƙasashe fiye da 100. Fenti ruwan ɗorawa ya rufe bango da gado, barci ya gagare shi. Wasu ma kutse suka yi wa na'urar don ta riƙa ɓarin wuta ba tsayawa, suna zaginsa don shi Balarabe ne. Amma wasu da ba su san shi ba suka haɗa kai, suna karɓa-karɓa wajen karkatar da bakin bindigar gefe don ya samu ya numfasa. Wannan ɓangaren ne ya fi taɓa min zuciya.

To ina haukar a nan? Mutum ne ya gane cewa allo yana ɓoye jikin wanda ake cutarwa, sai ya kawo nasa jikin ya ajiye a gaban allon. Da rubutu ya yi, da an karanta an wuce. Amma a nan mai kallo ne da kansa yake danna maɓalli, ya ji ƙarar, ya ga mutum ya duƙe.

Ba duk abin da ya yi nake goyon baya ba. A 2010 ya sa an yi masa zanen tatu a gadon baya, ɗigo-ɗigo na mamatan yaƙin, na 'yan Iraƙi da tawadar da ido ba ya gani sai an haska wata fitila ta musamman. Addinina bai yarda da tatu ba, amma na fahimci abin da yake nuna wa duniya: akwai mamatan da ba a lissafa su.

Mu ma ba baƙon abu ba ne a wurinmu. A Disambar 2023 jirgi maras matuƙi na soja ya kai wa masu Mauludi hari a Tudun Biri ta jihar Kaduna, aƙalla mutum 85 suka rasu. Matasanmu masu wasan kwaikwayo da masu haɗa bidiyo suna da waya, suna da basira, kuma ina jiran in ga wanda zai ɗauki wannan lamari da gaske.