Zaman lafiyar da aka jingina da jiragen ƙarƙashin teku

Duk lokacin da na ji masanin tsaro yana cewa makaman nukiliya ne suka hana yaƙin duniya na uku, sai ranar 27 ga Oktoban 1962 ta faɗo mini a rai.

A ranar rikicin Kyuba, wato takaddamar Amurka da Tarayyar Sobiyet kan makaman nukiliyar da Sobiyet ta girke a tsibirin, ya kai intaha. Jiragen yaƙin Amurka da suka yi wa tsibirin ƙawanya sun gano wani jirgin ƙarƙashin teku na Tarayyar Sobiyet mai lamba B-59, suka shiga jefa masa ƙananan bama-bamai na atisaye don ya taso ya bayyana kansa. Ba su san yana ɗauke da makamin nukiliya ba. Su kuwa na ciki sun yi kwanaki ba su ji ɗuriyar Mosko ba, batir ya kusa mutuwa, zafi da ƙarancin iska sun sa ma'aikata suna suma. Kyaftin Valentin Savitsky ya ɗauka an riga an fara yaƙi, ya ce a shirya makamin. Wani babban hafsa da ke tare da su, Vasili Arkhipov, shi ya tausa shi har jirgin ya taso. Sai a 2002, a wani taro a Habana, labarin ya fito fili, bayan Arkhipov ya rasu da shekara huɗu.

Ba na raina hujjar masu goyon bayan waɗannan jirage, domin tana da tushe a tarihi. A da, da girman jirgi da kaurin bindigoginsa ake auna ƙarfin ƙasa a teku. Dreadnought na Ingila ya buɗe wannan tsere a 1906, Yamato na Japan kuwa, duk girmansa, jiragen sama ne suka nutsar da shi a 1945. Daga nan aka gane cewa abin da ake gani ana iya kai masa hari. Amurka ta ƙaddamar da Nautilus a 1954, jirgin ƙarƙashin teku na farko da ke tafiya da makamashin nukiliya, a 1960 kuma jirginta mai suna George Washington ya harba makami mai linzami na Polaris daga ƙarƙashin ruwa. Lissafin shi ne, ko an shafe ƙasa da harin bazata, akwai jirgin da ke ɓoye wanda zai rama, don haka ba wanda zai fara.

Amma wannan ɓuya da ake yabo, ita ce kuma babbar matsalar. Jirgin da maƙiyi ba ya gani, da ƙyar yake jin muryar shugabanninsa, kuma wanda aka bari cikin duhu zato yake bi. Ingila ta san haka sarai. Tun 1969 ba a taɓa rasa jirginta guda yana sintiri da makaman nukiliya ba, kuma kowane sabon firaminista sai ya rubuta wasiƙa da hannunsa, a kulle ta a cikin jiragen guda huɗu, tana faɗa wa kyaftin abin da zai yi idan gwamnati ta hallaka. Abin yana tayar mini da hankali ƙwarai: rayukan miliyoyin mutane a rataye da takarda ɗaya da hukuncin mutum ɗaya.

Ga kuma haɗurra. A 1968 jirgin ƙarƙashin teku Scorpion na Amurka ya nutse a tekun Atilantika da mutum 99 da makaman nukiliya biyu, yana can har yau. K-219 na Sobiyet ya bi sahu a 1986 da nasa makaman.

Ban ce gobe za a wayi gari an kwance waɗannan jirage ba. Abin da zai yiwu shi ne kowace ƙasa mai nukiliya ta ɗauki alkawarin ba za ta fara harbawa ba, kamar yadda Sin ta yi tun 1964, domin kyaftin da ya ji fashewa a kansa ya sami dalilin dakatawa. Amurka da Rasha ba su da irin wannan alkawari a yau, kuma Rasha ta jingine yarjejeniyar New START, wadda ta ƙayyade yawan makaman nukiliyar ƙasashen biyu, a 2023. Afirka tana da bakin magana a nan: Afirka ta Kudu ta ƙera bama-bamai shida ta kwance su da kanta, yarjejeniyar Pelindaba ta 1996 kuma ta haramta makaman a nahiyar. Ya kamata wakilanmu a Majalisar Ɗinkin Duniya su riƙa tayar da wannan buƙata a kowane zama.