Ƙafar da ba ta iya tsayawa ba ta san karate ba

Bidiyon nan na Tareg Hamedi da kuka sake tonowa kuna yaɗawa, wallahi sharhin da ke ƙarƙashinsa ya ishe ni. Wai an yi wa ɗan Saudiyya fashi a gasar Olympics ta Tokyo a 2021, wai ta yaya Sajad Ganjzadeh na Iran, wanda ya suma aka fitar da shi a sanƙame, zai tashi da zinare. Mutanen da ko farar ɗamara ta sabon shiga karate ba su taɓa ɗaurawa ba, yau su ne alƙalai!

Hukuncin da alƙalai suka yanke na korar Hamedi daga wasan ƙarshen nan na karate daidai ne. Hamedi yana gaba da maki 4 da 1, ya kai ƙafa wuyan Ganjzadeh ya kasa riƙe ta. Riƙe ƙafar nan kuwa shi ne abin da ake koya kullum.

Ku shiga ɗakin horo a Japan ku gani. Ɗalibi zai cire takalmi a bakin ƙofa, ya rusuna. Ya duƙa da jiƙaƙƙen tsumma ya goge daɓen katako da hannunsa. Sannan a jera a yi ta maimaita naushi ɗaya har gumi ya jiƙa riga, malami yana zagayawa yana gyara gwiwar wannan, yana danna kafaɗar wancan. Idan aka haɗa ka da abokin horo, ka saki naushi da dukkan ƙarfinka, ka tsayar da shi dab da haɓarsa. Ya ba ka fuskarsa amana, kuma gobe da shi za ka sake yi. Gichin Funakoshi, wanda ya kai karate Tokyo daga Okinawa a 1922, shekaru ya yi yana nanata tsarin motsi guda kafin malaminsa ya ƙara masa wani.

Kada wani ya kawo mini zancen dambe. Na sani, a dambe kisa ake nema, kuma ina son dambe. Kowace gona da iyakarta. Duka kowane mai ƙarfi ya iya. A tsayar da dukan ana tsakiyar zafin fafatawa shi ne ke cin shekaru.

Ina jin ciwon Hamedi har raina, yaro ne gwani, azurfar ma ba banza ba ce.

Abin da ya fi damuna ma, a zauren Nippon Budokan da ke Tokyo aka fara sa karate a Olympics, aka zo Paris a 2024 aka cire shi, aka sa rawar breaking. Wannan ban ga kuna yi masa hayaniya ba.