Ginin da Paris ta zaga, da wanda har yau ba ta yafe wa ba

A Paris ba a ɗora sabon gini sai an ce masa ƙauyanci, kuma a ganina wannan tsegumi yana da amfani, ko da yake sau da yawa masu yinsa kan sha kunya.

A watan Fabrairun 1887 jaridar Le Temps ta buga takardar koken manyan masu fasaha, ciki har da marubuci Maupassant da mai tsara kiɗa Gounod da mai zanen gini Charles Garnier, suna cewa hasumiyar Eiffel za ta ɓata fuskar birnin. Idonsu ya saba da dutse da sassaƙa, sai ga ƙarfe tsirara mai tsawon mita 300, an haɗa shi da ƙusoshi miliyan biyu da rabi. Izinin shekara 20 aka ba ta, amma amfanin da ta yi wa aikin rediyo ya cece ta daga rushewa.

Cibiyar fasaha da al'adu ta Pompidou, wadda Renzo Piano da Richard Rogers suka zana aka buɗe a 1977, ita ce ta fi koyar da darasi. An fito da kayan cikinta waje, kowane bututu da launinsa: shuɗi na iska, kore na ruwa, rawaya na lantarki, ja na matakala da na'urar hawa. Aka yi ta kiranta matatar mai. Amma kusan rabin filin an bar wa jama'a dandali mai gangara, inda ake zama a kalli masu wasa. Mutane suka fara son wurin da ƙafafunsu, ido ya biyo baya. Dalar gilashin gidan tarihin Louvre ta 1989 ma haka ta sha zagi, ita kuwa babbar ƙofar shiga ta samar, ta kai hasken rana ƙarƙashin ƙasa.

To, kada a ɗauka duk abin da aka zaga lokaci zai wanke shi. Hasumiyar Montparnasse, mita 210, an gama ta a 1973, har yau mutanen Paris ba su yafe mata ba, kuma ina tare da su. Baƙin gilashi ne ya tokare sama shi kaɗai a unguwar benaye masu hawa shida, gindinsa dakalin siminti da iska ke kaɗawa, ba abin da zai sa mai wucewa ya tsaya. Bayanta ne, a 1977, aka taƙaita tsayin sabbin gine-ginen birnin zuwa mita 37.