Stefan Jarl da Samarin da Bai Daina Bibiya Ba

A shekarar 1968 wasu matasa biyu da suka koyi harkar fim a Stockholm, Stefan Jarl da Jan Lindqvist, suka fitar da wani fim mai suna Dom kallar oss mods. Babu ɗan wasa ko ɗaya a cikinsa. Wasu samari biyu suka bi da kyamara, Kenta da Stoffe, masu dogon gashi, waɗanda ba su da aikin fari balle na baƙi sai zaman tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa, shan giya da wiwi, da kwana duk inda dare ya yi musu. Da a Kano ne, 'yan zaman kashe wando za a ce da su, wani ma ya tsallaka titi in ya hango su. A fim ɗin suna da ban dariya, suna da baki, har mai kallo ya ji sun shiga ransa.

Da a nan aka tsaya, da ban ɗauki alƙalami ba. Bayan kusan shekara goma Jarl ya koma ya nemo su. A lokacin hiroyin ta riga ta shigo Stockholm, kuma kasuwarta tana ci a dandalin Sergels torg, a filin ƙasan nan mai daɓen baƙi da fari da mutanen gari ke kira Plattan. Fim na biyu, Ett anständigt liv, ya fito a 1979. Ba a gama ɗaukarsa ba Stoffe ya mutu, ƙwayar ce ta yi ajalinsa. Fim ɗin ya ci Guldbagge, babbar kyautar fim ta ƙasar Suwidin, Jarl kuma ya ci ta gwarzon darakta. Sai a 1993 ya sake komawa karo na uku da Det sociala arvet, wannan karon idonsa a kan 'ya'yan da suka haifa, yana neman ya gani ko abin gado ne. Shekara 25 ke nan mutum ɗaya yana bin sawun mutanen da yawancin jama'a ba sa son haɗa ido da su.

Ni da nake zaune a ƙasar nan, kusan duk wanda na yi wa zancen Kenta ya san shi. Ya zama mawaƙi daga baya, ya rasu a 2003, kuma har gobe magoya bayan ƙungiyar ƙwallon Hammarby waƙarsa suke rerawa kafin a take wasa. Ɗan ƙwayar bakin tasha ya zama mutum mai suna da tarihi a bakin al'umma gaba ɗaya, don kawai wani ya ƙi mantawa da shi.

An haifi Jarl a garin Skara a 1941. Ubangidansa a sana'a shi ne Arne Sucksdorff, gwanin ɗaukar hoto wanda ke riƙe kyamararsa da kansa, wanda ya ci Oscar a 1949 da wani gajeren fim a kan Stockholm, ya kuma yi suna wajen ɗaukar namun daji. Wanda ya saba laɓewa yana jiran yanyawa ta fito daga rami ya san cewa ba a yi wa gaskiya gaggawa, kuma a ganina wannan haƙurin ne Jarl ya gada ya kai shi kan bil Adama. Bai tsaya kan 'yan ƙwaya ba. Bayan fashewar tashar nukiliya ta Chernobyl a 1986 ya hau arewa wurin makiyayan ƙabilar Sami, waɗanda gubar ta sauka a makiyayarsu har aka haramta cin naman dubban dabbobinsu. A 2010 kuma jininsa ya kai aka gwada, ya yi fim a kan sinadaran masana'antu da aka samu a ciki.

To mu fa? Shaye-shaye ba baƙon abu ba ne a finafinanmu. Ana yawan nuna ɗan ƙwaya a Kannywood, amma kusan kullum ɗayan biyu ne. Ko dai ɗan barkwanci ne mai jan murya da layi don a yi dariya, ko kuma izina ne: ya sha, ya haukace ko ya tuba, malam ya yi nasiha, a rubuta alhamdulillahi. Mai kallo ya tashi yana jin an faɗakar da shi, alhali bai san komai ba game da yadda yaron layinsu ya fara da sholisho ya koma tiramol, wa ke sayar masa, nawa yake kashewa a yini, me mahaifiyarsa ta gwada kafin ta sallama. Ba ina raina faɗakarwa ba ne. Amma wa'azi ya riga ya san ƙarshen labari tun kafin a kunna kyamara, shi kuwa Jarl bai san Stoffe zai mutu ba.

Da aka tashi nuna mana gaskiyar abin, daga waje aka zo. A ƙarshen Afrilun 2018 sashen binciken BBC ya fitar da fim a kan kodin, aka ga matasa a Kano ɗaure da mari a gidan gyaran hali, aka ga yadda maganin tari ke sulalewa daga kamfani zuwa hannun dillalai. Washegari gwamnatin tarayya ta haramta yin maganin tari mai kodin da shigo da shi. Aiki ya yi kyau, babu musu. Sai dai ina yaran nan suke yau? Wa ya koma? Binciken da hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi ta yi tare da hukumar ƙididdiga ta Najeriya, wanda aka fitar a farkon 2019, ya ce mutum miliyan 14.3 ne suka yi ta'ammali da ƙwaya a cikin shekara guda. Adadin muna da shi. Abin da ba mu da shi shi ne fuska ɗaya da muka bi tun tana da kumatu har ta zabge.

Wani zai ce ai kuɗi ne, Turawa suna da shi mu ba mu da shi. Da gaskiyarsa, amma rabi. An kafa Cibiyar Fim ta Suwidin a 1963, kuma shekaru da dama kashi 10 cikin ɗari na kuɗin tikitin sinima ake yanka a zuba mata, kafin gwamnati ta ɗauki nauyin gaba ɗaya daga 2017. Wato wanda ya je kallon fim ɗin Amurka, da kuɗinsa ake tallafa wa na gida. Amma abin da ya fi burge ni shi ne Jarl da abokansa ba su zauna jiran manyan masu sinima su tausaya musu ba. Da su aka kafa FilmCentrum a 1968 don rarraba finafinan da 'yan kasuwa ba sa so, aka kuma kafa Folkets Bio a 1973, jerin ƙananan gidajen kallo da har yau suna nan a garuruwa da dama. Ana ce masa mai zaman kansa, amma bayansa akwai ƙungiya, akwai majigi, akwai kujeru.

Mu kuwa kasuwar kaset da faifai ta Ƙofar Wambai ta mutu, tsoffin sinimomi sun zama tarihi, Wapa ma yanzu in ka ambace ta canjin kuɗi ne ke zuwa ran mutane. Ƙauyen fim da aka so ginawa a Kofa ta jihar Kano a 2016 bai ko kai ga tubali ba aka janye shi saboda hayaniyar da ta tashi. Abin da ya rage shi ne YouTube, shi kuma YouTube kowane mako yake son sabon kashi. Furodusan da ke neman kuɗin man janareta na satin nan ba zai iya jiran labari ya nuna a shekara goma ba, kuma ban ga laifinsa ba.

Akwai hujjar da ta fi ta kuɗi ƙarfi, ita ce rufin asiri, kuma ba na cikin masu yi mata dariya don sun sha ruwan Turai. A Suwidin mutum zai fito a fim yana tsira wa kansa allura, gobe ƙanwarsa ta yi aurenta lafiya lau, babu mai tambaya. A wurinmu ranar da aka zo binciken aure, fim ɗin ne zai fara isa gidan surukai kafin goro. Fuskar yaro ɗaya ta dangi ce gaba ɗaya. Ko a nan ɗin ma ba zan ce Jarl ya fita fes ba: akwai wuraren da nake kallo ina tambayar kaina ko mutumin da ƙwaya ta gama da shi yana da hankalin da zai ce ya yarda a ɗauke shi, kuma 'ya'yansu ba su zaɓi a san iyayensu a wannan hali ba. Shi kansa bai taɓa da'awar cewa ɗan kallo ne kawai ba. Yana da ɓangare, yana tsara abin da zai nuna don ya girgiza mai kallo.

Amma mu duba abin da rufin asirin ya rufe. A Satumbar 2019 'yan sanda suka buɗe wani gida a Rigasa ta Kaduna suka fito da mutane kusan 300, da yawansu da sarƙa a ƙafa, kuma iyaye ne da hannunsu suka kai mafi yawansu don a gyara musu hali. Makwanni kaɗan bayan haka aka sake samun irinsa a Daura. Asirin iyali ya rufu, na yaran kuwa a ɗakin mari ya ƙare. In har za mu iya ɗaure ɗa don kada maƙwabta su gani, to kunyar ta daina kare shi, mu take karewa.

Kuma kada a ce Bahaushe ba zai buɗe baki gaban kyamara ba, don an riga an yi a Nijar. Sani Magori ya ɗauki manoman albasa na Galmi, garinsu, ya nuna yadda farashin buhu ke ɗaga aure ko ya ɗage shi. Aïcha Macky, 'yar Damagaram, ta yi fim a 2016 a kan rashin haihuwa, ta fara da kanta, abin da mata da yawa ko a ɗaki ba sa iya furtawa. A fim ɗinta na 2021 ta shiga Kara-Kara, unguwar da aka daɗe ana ware wa kutare a Zinder, wato Damagaram ɗin, ta zauna da 'yan daban da ake kira 'yan fale, masu ɗaga ƙarfe da masu fasa-ƙwaurin fetur daga iyakar Najeriya. Da Hausa suka yi mata magana, fuska a buɗe, wani har yana faɗin ta'asar da ya yi wa mata a baya. Sun yarda da ita ne don 'yar gari ce, kuma ba ta zo musu da wa'azi ba.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne da haɗin gwiwar kamfanonin Faransa da Jamus aka yi wannan fim, kuma a bukukuwan fim na Turai ya fara yawo. Ni da ke arewacin duniya na fi ɗan Fagge ko ɗan Tudun Wada sauƙin ganinsa a babban allo, alhali harshensa ake yi a ciki kuma matsalar unguwarsa ce. Attajiranmu da ke ɗaukar nauyin gasar ƙwallo da bikin karrama jarumai, da jami'o'inmu masu sashen koyar da aikin jarida, babu abin da ya hana ɗayansu ya ce ga kuɗi, a koma Kara-Kara nan da wasu shekaru a ga wanda ya shiryu, wanda ke gidan kaso, da wanda ɗansa ya karɓi ƙarfen. A kuma ɗauki majigi a zaga da shi Kano, Maraɗi da Katsina, a kafa farin ƙyalle a filin makaranta bayan isha'i, samarin unguwa su zauna a gaba.