Malamin da Kuka Ƙirƙira, Wa Ya Karantar da Shi?

Assalamu alaikum, 'yan uwana matasa masu rubuta labaran almara. A watan jiya wani ƙanena daga Samaru ya kawo mini labarin da ya shafe shekara biyu yana rubutawa, wanda ya gina a kan wata duniya da ya ƙirƙira mai birane bakwai, da kogin da ke gudu zuwa kan dutse, da wani shaihin malami wanda sarakuna ke shakkar bakinsa. Na yaba masa ƙwarai, domin tsarin duniyar ya ƙayatar, amma da na kai babi na uku sai na ajiye takardun na tambaye shi wa ya karantar da wannan shaihi. Ya yi shiru, can ya ce ai da iliminsa aka haife shi, kuma da zai rasu zobe ya bari, duk wanda ya sa shi ya gaji sanin.

Wannan ya dame ni, kuma ba a labarinsa kaɗai na gan shi ba. Dodanni da aljanu ku siffanta su yadda kuka ga dama, babu mai tuhumarku, amma idan yaro ɗan shekara 15 ya karanta cewa sani abu ne da ake tsinta a zobe, kun sa masa raina gwiwar da ake durƙusawa da ita a gaban malam, kuma alhakin haka yana wuyanku.

Abin takaici shi ne, mu a Zariya ba mu da uzuri. Ku shiga birni bayan sallar asuba, a unguwanni irin su Juma da Kona, za ku tarar da malam a kan buzunsa cikin zaure, ɗalibai sun kewaye shi, wani yana Ahalari, wani Ishmawi, wani ya kai Risala bayan shekaru, malam yana fassara kalma bayan kalma ɗalibi yana amsawa da na'am. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo da kansa sai da ya bi Malam Jibrilu har Agadas, ƙanensa Abdullahi kuma ya rubuta littafi sukutum, Ida'un Nusukhi, yana lissafa malaman da ya ɗauki karatu a wurinsu. Nana Asma'u kuwa abin da ta bari shi ne waƙoƙi da jajis da 'yan taru, mata masu kai karatu ƙauyuka.

Ina da gafakar kakana a ɗaki, gara ta ci gefenta, takardun sun yi ja saboda tsufa. A gefen wani shafi ya rubuta da siririn alƙalami sunan malamin da ya warware masa wata mas'alar gado, a ƙasa kuma akwai gyaran da wani ɗalibinsa ya yi masa da tawada daban, bai kuwa goge ba. Irin waɗannan takardu suna nan ajiye a Jami'ar Ahmadu Bello ga mai son gani. Saboda haka ku ba malaminku na almara ƙuruciya da yunwa da doguwar tafiya, ku ba shi malamin da ya taɓa korarsa, da fatawar da ya yi kuskure ya janye, da ɗaliban da za su yi saɓani a kan maganarsa bayan ya kwanta dama.

Na roƙi ƙanen nan nawa ya je ya zauna a zaure kwana bakwai kafin ya sake taɓa labarin. Shekaranjiya ya dawo da sabon babi, inda shaihin yake yaro yana wanke allonsa yana kuka saboda harafi ɗaya ya gagare shi, kuma na karanta shi har ƙarshe ban ajiye ba.